Tarihin Rayuwata, Kashi na 9: Ba ni ga tsuntsu, ba ni ga tarko

A makon jiya na tsaya a ranar da alƙali ya raba aurena da Baban Ummi, bayan shaidu biyu sun tabbatar ya yi wata takwas bai ajiye ko mudun gero a gidan ba. Tun a zama na biyu aka yanka masa naira 15,000 duk wata, kuɗin cinmu ni da yara uku kafin a gama shari'a. Sau ɗaya ya biya. Ranar hukunci aka lissafa bashin ya kai 60,000, aka ce ya kawo ta hannun rajistara.

Na koma gidanmu ina ganin wahala ta ƙare, Inna har sadakar ƙosai ta yi. Kwana 26 da hukunci sai ga masinjan kotu da takarda, wai Baban Ummi ya ɗaukaka ƙara zuwa Babbar Kotun Shari'a. Kwana 30 doka ta ba shi, ya bari sai da ya rage huɗu. Lauyansa kuma ya roƙi a dakatar da zartar da hukuncin har a saurare su.

Kawu ne ya karanta min. Ya ninke takardar ya ce, "'Yar nan, sai haƙuri. Ba aurenki yake so ba, so yake ki gaji."

Duk da haka ban daina zuwa ƙaramar kotun ba. Duk ranar Litinin nakan goya Abba, in hau adaidaita sahu, in zauna a benci har rajistara ya samu sarari. Yana da wani ƙaton littafi mai baƙin bango wanda gefensa ya lanƙwashe. Sai ya lashi yatsa ya yi ta buɗawa, ya bi layin sunana da bayan biro, ya ɗago kai ya ce, "Hajiya, bai kawo ba." Wata rana kuɗin komawa ma shi ya ciro daga aljihunsa ya ba ni. Allah ya saka masa.

Abin da ya fi ci min rai shi ne, rabuwar aure ya ɗaukaka ƙara a kai, to ina ruwan cikin yara? Ko aure na nan ko ya mutu, ciyar da su na wuyan uba, babu malamin da ya taɓa faɗa min saɓanin haka. Amma da aka ce an dakata, sai komai ya dakata har da tukunya. Ni kuma na zama ba matar aure ba, ba bazawara ba. Malamin unguwarmu ya ce iddata ta fara tun ranar hukunci, lauyar da ke taimaka min kyauta ta ce kada in kuskura in saurari kowa, don kotun sama tana iya soke hukuncin.

Ana cikin haka, ranar 6 ga Afrilu 2021 ma'aikatan kotu suka shiga yajin aiki a duk Najeriya. Na je na tarar da ƙofa garƙame da kwaɗo. Bayan mako guda aka ɗauki azumi. A cikin goman ƙarshe na kai keken ɗinkina kasuwa, wanda Baba marigayi ya saya min a kayan ɗaki. Da kuɗinsa na yi wa yara atamfa da yadi, na sayi shinkafa kwano biyu. Ranar salla Ummi ta tsaya a soro tun hantsi tana leƙen hanya. Da la'asar ta shigo ta ce, "Mama, Abbanmu ya manta hanyar gidan Inna ne?" Na ce ta je ta wanke hannu ta ci abinci, na shige ɗaki.

Sai tsakiyar Yuni aka buɗe kotuna, aka sa mana rana a Yuli. Baban Ummi ya zo cikin sabuwar shadda tana ƙyalli. Lauyansa ya miƙe ya ce kwafin shari'a bai iso daga kotun ƙasa ba, yana roƙon a ɗage zama. Alƙalin ya cire tabarau, ya dubi Abba a bayana, ya ce, "Malama, tun da aka yanke hukuncin nan, nawa ya shiga hannunki?"

Amsar da na ba shi, da abin da ya sa Baban Ummi ya kwana a tsare, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.