Ni da Kawu a lungunan Benis

Fatar jar akuyar Sakkwato ce ta kai mu Italiya, ba yawon buɗe ido ba. Akwai baje kolin fata da ake yi a Milan mai suna Lineapelle, mun je na watan Satumba. Ni ne mai riƙe takardu da Turanci, Kawu shi ne mai jari da idon sanin fata. Da harka ta kammala, jirginmu kuma da saura, sai na ce masa mu leƙa Benis, garin nan da aka gina a kan ruwa, tunda tafiyar jirgin ƙasa daga Milan kamar awa biyu da rabi ce.

"Garin da babu ƙasa, ina sunka aza gini?" in ji Kawu.

Kawu ya haura saba'in, gwiwa tana damunsa, ba ya kuma jin Turanci. In muka bi ayarin 'yan yawon buɗe ido, waɗanda doka ta ƙayyade tun 2024 kada su wuce mutum 25, to bin tutar jagora za mu yi ta yi da sauri, kafin in fassara masa magana ɗaya an yi uku. Saboda haka na nemi jagora namu na kanmu ta intanet. Na samu wata dattijuwa haifaffiyar garin, mai katin izinin aikin daga hukuma. Tun kafin ranar na rubuta mata ko mu su wane ne: Musulmi ne, fatake ne daga Arewacin Najeriya, akwai dattijo mai tafiya a hankali, ba mu da buƙatar gidan giya, abin da muke so mu ji shi ne yadda aka gina garin da yadda ya yi fatauci. Kuɗinta ya kusa yuro 300 na awa uku. Kawu ya juya shi zuwa naira, ya yi salati, ya ce da wannan kuɗin a kasuwar Acida sai ka koro awaki.

Saƙon nan da na aika mata shi ya gyara tafiyar. Da ta tarbe mu a tashar Santa Luciya da ƙarfe takwas na safe, ba ta bi da mu inda tururuwar mutane suka nufa ba. Ta ja mu hagu, unguwar Kannarejo, inda 'yan garin suke zaune.

Daga bakin tasha babu mota, babu babur, ko keke an hana. Tsibirai 118 ne aka ɗinke da gadoji sama da 400, kusan kowace gada kuma matattakala ce, a hau a sauka. Shara jirgin ruwa ke kwashewa, maras lafiya jirgin ruwa ke ɗauka, kayan shago 'yan dako ke turawa a baro suna ɗaga shi taki-taki a kan gada suna yi wa mutane kashedi. Lungunan sun yi kama da na tsohon gari wajen Hubbare, wani in ka buɗe hannuwa sai ka taɓa bango biyu. Lambar gida ma ba ta bin titi, unguwa take bi. Unguwanni shida ne, a wata lambobin sun haura 6,000, don haka ko an ba ka adireshi a hannu sai ka ɓata.

A bakin wata hanyar ruwa ta tsayar da mu, ta amsa tambayar Kawu. Ruwa ya janye a lokacin, ana ganin gindin gidan da ke tsallake: farin dutse a ƙasa, gansakuka ta lulluɓe shi, sama da shi jan bulo wanda gishiri ya cinye har yana marmashewa. Ta ce ƙarƙashin farin dutsen nan itace ne. Gumagumai aka yi ta kafawa cikin laka, ɗaya jikin ɗaya, har laka ta cushe ta yi ƙarfi, aka shimfiɗa katako, aka ɗora dutsen da ake kawowa daga Istiriya wanda ruwa ba ya ratsa shi, sannan bulo. Kawu ya ce a tambaye ta yaya itace zai yi shekara ɗari biyar cikin ruwa bai ruɓe ba. Ta ce iska ce ke ruɓar da itace. Wanda ya nutse cikin laka iska ba ta kai gare shi, ƙwarin da ke cin sa ba sa rayuwa a wurin. Kawu ya daɗe yana kallon bangon, ya buga sandarsa a ƙasa sau biyu kamar mai gwada ƙwarin daɓe.

Sai rijiyoyi. Kowane dandali akwai bakin rijiya na sassaƙaƙƙen dutse, an rufe shi da murfin ƙarfe. Gari ne a tsakiyar ruwan gishiri, in ka haƙa ƙasa gishiri za ka tarar, don haka ruwan sama suke tarawa. Ta nuna mana wasu duwatsu masu huda a daɓen dandalin: ta nan ruwan sama ke shiga wani ƙaton rami da aka yaɓe da yumɓu aka cika da yashi, yashin ya tace shi, ya taru a tsakiya. Haka suka rayu har aka jawo musu ruwan famfo a 1884. Duk wanda ya taɓa jiran mai kurar ruwa a watan Afrilu a Sakkwato ba zai wuce dabarar nan bai tsaya ba. Mun ci kusan minti ashirin a kan rijiya ɗaya, abin da ba zai yiwu a cikin ayari ba.

Daga nan ta kai mu wani ɗan dandali, Kampo dei Mori. A jikin bango akwai gumakan wasu fatake da dogayen riguna, har da mai rawani, ɗaya an maye masa hanci da na ƙarfe. An ce 'yan'uwa ne da suka zo daga ƙasar Girka suna sayar da kayan yaji da tufafi. A bayan gidansu, ta gefen ruwa, an sassaƙa mutum yana jan raƙumi da kaya. Kawu ya yi dariya, ya ce ga ɗan Azbin ya ɓato hanya.

Nan hira ta buɗe. Ta ce arzikin Benis daga cinikin da ta yi da ƙasashen Musulmi ya fito: Iskandariya, Sham, Santambul. Ta nuna mana wani babban gida a bakin babbar hanyar ruwa wanda hukuma ta ware wa fataken Turkawa daga 1621, masauki da ma'ajiyar kaya da wurin salla, yanzu ya koma gidan tarihin halittu. Ta ƙara da cewa a garin nan aka fara buga Alƙur'ani da injin ɗab'i da haruffan Larabci, tsakanin 1537 da 1538, aikin wasu uba da ɗa masu suna Paganini. Kurakurai sun yi masa yawa, bai karɓu ba, har aka ɗauka ya ɓace, sai a 1987 aka tsinci kwafi ɗaya a laburaren wasu malaman Kirista. Kawu ya ƙirga da yatsu ya ce wato sama da shekara ɗari biyu kafin a haifi Shehu.

Shi ne ya ce in tambaye ta wani abu. Littattafan da ya gada wurin mahaifinsa, rubutun hannu, in ka ɗaga takardar ga hasken rana sai ka ga jinjirin wata guda uku a jere cikin jikinta. Yana yaro ya ɗauka aikin Makka ne. Ban gama fassarawa ba matar ta dafe ƙirji. Ta ce ai takardar yankinsu ce. Masana'antun takarda na ƙasar Benis ne suke sa alamar wata uku musamman don kasuwar Musulmi, ɗaya daga cikin sanannunsu gidan Galbani ne da ke Pordenone. Jiragen ruwa su kai ta Masar da Tarabulus, raƙuma su ƙetara Sahara da ita. Rubuce-rubucen malamanmu da yawa na zamanin Daular Usmaniyya a kan irin takardar nan suke, mai son gani da ido ya je gidan tarihi na Waziri Junaidu. Ita ba ta taɓa jin sunan Sakkwato ba, mu ba mu san takardar ta garinsu ce ba. Ta fito da littafinta ta rubuta sunan garinmu. Da ta ce Napoliyon ya rusa jamhuriyarsu a 1797, na ce mata shekara bakwai bayan nan aka fara jihadi a ƙasarmu.

Gadar Riyalto, wadda aka gama a 1591, da dandalin San Marko mun ratsa su ne kawai. Kyau akwai shi, amma cunkoson ba ya barin mutum ya ga komai, sai bayan kan wani da wayarsa. A gaban babbar majami'ar ta ɗan yi jim, sannan ta nuna mana zanen da ke saman wata ƙofa: labarin da suke bayarwa cewa a 828 wasu fatake biyu sun ɗauko gawar waliyyinsu Markus daga Iskandariya, suka rufe ta da naman alade don kada ma'aikatan kwastan Musulmi su bincika. Na fassara wa Kawu.

"Ɗana, hwaɗa mata sata dai sata ce, ko ta waliyyi ce."

Na faɗa mata, ta yi dariya har da share hawaye.

Kwalekwalen nan baƙi da ake gani a hotuna, gondola, yuro 90 ne na rabin awa da rana. A ganina kuɗin banza ne ga wanda ba amarci ya je ba. Ita ta nuna mana mashigar da 'yan gari ke tsallaka babbar hanyar ruwa da irin kwalekwalen a kan yuro 2. Minti biyu ne, amma Kawu ya shiga, ya kuma ce ya isa.

Ban so in bar maganar ambaliya ba, don mu ma mun ga abin da Gulbin Rima ya yi wa hanyar jami'a a 2010. Ƙofofin gidaje da yawa suna da wani faifan ƙarfe da ake zurawa in ruwa ya taso. A 1966 ruwa ya kai santimita 194 a ma'aunin tasowar teku na garin, a Nuwamban 2019 ya kai 187. Tun 2020 suna da ƙofofin ƙarfe 78 a mashigan teku, suna kwance a ƙasan ruwa, in an hango tasowarsa sai a hura musu iska su miƙe su tare. Amma ita ba ruwa ne ya fi damunta ba. A 1951 mutanen tsohon garin sun kusa 175,000, yanzu ba su kai 50,000 ba. Gidaje sun koma masaukin baƙi, haya ta gagari 'ya'yan gari, sun tsallaka Mestire, garin da ke kan tudu a tsallaken ruwa. Hukuma ta fara karɓar yuro 5 a 2024 daga masu shigowar wuni ɗaya a wasu ranakun cunkoso. Ta ce bai rage kowa ba. Na lura ta faɗi haka ne ga mutum biyu da su ma wuni ɗaya suka zo, ba ta kuma ɓoye ba.

Wanda zai je daga nan, ya fara da sassafe don a gama kafin azahar, domin babu masallaci a tsohon garin, na jama'a yana tsallake, a Margera. Ya sa takalmi mai taushi wanda ba ya santsi, ya riƙe gora, akwai famfunan sha a dandali kyauta, ban ɗaki ne na kuɗi. Zama a matattakalar gada don cin abinci ko ba tattabaru hatsi na jawo tara. Abinci kuwa kifi ya fi kwanciyar hankali, shi ma a tambaya, don suna zuba giya a girki. Jagorarmu ce ta shiga ta yi mana magana da mai dafawa da harshensu. A kuma tabbatar tun farko ko kuɗin jagora ya haɗa da tikitin shiga wurare da na jirgin ruwa. Namu bai haɗa ba, kuma jirgin hayar da ya mayar da mu tasha, da gwiwar Kawu ta ce ta gaji, yuro 9.50 ne kowane mutum.