Talata: gishiri, sikeli da dankalin Bokkos

Sanyin Jos yau bai raga wa kowa ba. Da sassafe na biya Farin Gada na sayi dankalin turawa, mai kayan ya rantse na Bokkos ne, sannan na wuce makaranta, don yau ce ranar gwaji da 'yan aji biyu na babbar sakandare.

Na ce kowane rukuni ya haɗa ruwan gishiri mai ƙarfin kashi 10 cikin 100. Kusan dukansu sai suka auna gishiri giram 10, suka zuba a ruwa giram 100, suka naɗe hannu. Na sa wata ɗaliba ta auna haɗin, ta cire nauyin kofi. Ta ce, "Malam, 110 ne." Na ce to raba 10 da 110, ki ninka da 100. Ya ba ta 9.1, ta tsaya tana kallon allo. Gishirin narkewa ya yi, bai ɓace ba, nauyinsa na nan cikin kofin. Saboda haka da nauyin haɗin gaba ɗaya ake rabawa, ruwa da gishirinsa. Mai son kashi 10 cif, gishiri giram 10 zai sa a ruwa giram 90. Duk shekara a nan yara ke tuntuɓe, kuma a ganina hadda ce ta yi musu yawa, hannunsu bai saba da sikeli ba.

Kashi 5 bai ba su wahala ba: suka ɗebi giram 50 na haɗin kashi 10 cif ɗin, suka ƙara ruwa giram 50.

Sai wani ɗan bencin baya, mai baki kamar reza, ya ce shi kashi 40 zai yi. Na ƙyale shi. Ya yi ta juyawa har hannunsa ya sage, gishiri na kwance a gindin kofi. Ruwa giram 100 ba ya narkar da fiye da kimanin giram 36, wato haɗin kan tsaya a wajen kashi 26. Ya ce ai sanyi ne. Na ce ko tafasa ruwan ya yi, da ƙyar zai kai giram 40; sukari ne ke son ruwan zafi.

Wata ta tambayi ruwan da ake ƙara wa marasa lafiya a asibiti. Shi kashi 0.9 ne, amma lissafinsa daban: gishiri giram 9 cikin lita guda ta haɗin, nauyi a kan yawan ruwa. Na teku kuwa wajen kashi 3.5.

Kafin tashi muka duba dankalin da muka yanka muka jiƙa. Na cikin ruwa zalla ya ƙara tauri, yana karyewa ƙas. Na kashi 10 ya yi laushi, ana lanƙwasa shi yadda aka ga dama, domin gishiri ya janye ruwan jikinsa. Ragowar dankalin na kai gida, uwargida ta soya mana da ƙwai bayan Magariba.