David Bradley: Fuskar da Aka Sani, Sunan da Ba a Riƙe Ba

Duk wanda ya kalli finafinan Harry Potter ya san tsohon nan mai kula da makarantar Hogwarts, mai doguwar suma da murtukakkiyar fuska, wanda yake zagaya lunguna da dare shi da kyanwarsa yana farautar ɗaliban da suka karya doka. Sai dai kaɗan ne daga cikin masu kallo za su iya faɗin sunan mutumin da ya taka wannan rawa, wato David Bradley, kuma a ganina rayuwarsa ta isa misali ga yadda sana'ar mataimakin jarumi take a Birtaniya.

An haifi Bradley a birnin York a shekarar 1942, kuma sai da ya koyi sana'ar ƙera na'urori masu gilashin hange kafin ya tafi Landan ya shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo ta RADA. Daga nan ya shafe shekaru masu yawa a kan dandamali, ciki har da aiki da kamfanin Royal Shakespeare da kuma gidan wasan kwaikwayo na ƙasa, inda rawar wawan sarki da ya taka a wasan King Lear ta jawo masa lambar yabo ta Olivier a 1991. Lokacin da fim ɗin farko na Harry Potter ya fito a 2001, yana da shekara 59 a duniya.

Wannan doguwar tafiya ita ce sirrin abin. Babban jarumi yana da sa'o'i biyu da zai sace zuciyar mai kallo a hankali, amma mataimaki wani lokaci minti uku kacal ake ba shi, kuma a cikinsu ne dole ya sa mu yarda cewa mutumin da yake kwaikwaya yana da tarihi da hali da dalilin aikata abin da ya aikata. Ɗan wasan da ya saba maimaita rawa ɗaya kowane dare a gaban ɗaruruwan mutane, ba tare da darakta ya ce a tsaya a sake ɗauka ba, ya san inda zai sassauta murya da inda shirunsa zai fi magana tasiri.

Dubi yadda ya fito a matsayin Walder Frey a shirin Game of Thrones. Fitowarsa ba ta taka kara ta karya ba idan aka kwatanta da tsawon shirin, amma a wani bikin aure da ya shirya a zango na uku, a 2013, yana zaune a kan kujerarsa da kofi a hannu, yana kallon yadda ake karkashe baƙinsa cikin natsuwar mai kallon abin nishaɗi, kuma wannan natsuwa ce ta sa tsigar jikin masu kallo ta tashi fiye da jinin da aka zubar.

Duk da haka, rawar da na fi daraja ita ce ta shirin Broadchurch, shi ma na 2013. A can ya fito a matsayin Jack Marshall, dattijo mai shagon sayar da jaridu a wani ƙaramin gari na bakin teku, wanda zargi ya faɗa kansa bayan an kashe wani yaro. 'Yan jarida suka tono tsohon tarihinsa, maƙwabta suka juya masa baya, har ya halaka kansa alhali ba shi da hannu a kisan. Mutumin da muka saba gani a matsayin mugu ko masifaffe sai ga shi ya sa mai kallo yana jin kunyar saurin yanke hukuncin da ya yi. Wannan rawa ce ta ba shi lambar BAFTA (lambar yabo ta finafinai da talabijin a Birtaniya) ta gwarzon mataimakin jarumi a 2014, yana da shekara 72.

Daga baya ya fito a shirin Doctor Who a 2017 a matsayin Likita na farko, wato siffar farko ta babban jarumin shirin da ake kira Likita, sannan a 2022 muryarsa ce aka ji a bakin Geppetto, tsohon masassaƙin nan, a fim ɗin Pinocchio na darakta Guillermo del Toro, lokacin da ya cika shekara 80.