Yadda Ake Lissafin Kwanon da Rufin Gida Zai Ci

A bara, ana gab da saukar ruwan farko a Katsina, ƙanena ya kira ni daga gininsa da ke bayan Ƙofar Ƙaura, ya ce kwano ya ƙare alhali gefe guda na rufin yana buɗe. Da na isa na tarar da kafinta zaune a kan katako da guduma a cinyarsa, ga hadari yana haɗuwa ta gabas. Na tambayi ƙanen nawa yadda ya yi lissafi, ya ce, "Yaya, tsawon ginin da faɗinsa na auna na kai wa mai shago." Wannan kuskure yana damuna ƙwarai, domin mutum yakan yi shekaru yana tara bulo da siminti, sai a zo kan rufi ya yi asarar da awon rabin sa'a zai hana.

Abin da ya kamata a fara fahimta shi ne rufi ya fi ƙasan gini faɗi, saboda dalilai biyu. Na farko, bakin kwano yakan zarce bango domin ya kare shi daga feshin ruwa. Na biyu, rufi a gangare yake, kuma layin da ya tashi sama a karkace ya fi wanda ya kwanta tsawo.

Ginin ƙanena mita 12 ne a tsawo, mita 10 a faɗi, wato murabba'in mita 120. Kafinta ya fitar da baki santimita 60 a kowane gefe, sai awon ya koma 13.2 da 11.2, wanda ya ba da kusan 148. Tozon rufin kuma ya tashi mita 2 daga kan bango, tsakiyar gini tana nisan mita 5 daga bangon. Idan aka ninka 5 sau 5, aka haɗa da 2 sau 2, za a sami 29, lambar da idan aka ninka ta da kanta take ba da 29 kuwa ita ce kusan 5.39. Wannan shi ne tsawon gangarar daga tozo zuwa kan bango. Idan aka raba shi da 5, kowace mita ɗaya ta ƙasa ta zama 1.08 a kan rufi, sai 148 ta tashi kusan 159. Tsakanin 120 da 159 akwai bambancin kusan kashi ɗaya cikin uku, kuma shi ne gefen da muka tarar a buɗe. Wanda bai son wannan lissafi yana iya sa kafinta ya ja tef daga tozo zuwa baki bayan an kafa katako, kuma a ganina wannan ya fi tabbas.

Sai maganar ɗori, wadda ita ce mutane suka fi mantawa. Falle ba ya rufe dukan faɗinsa, domin dole ya hau kan ɗan'uwansa ta gefe, na sama kuma ya hau kan na ƙasa da kamar santimita 15, in ba haka ba iskar farkon damina za ta cusa ruwa ta tsakaninsu. Mun shimfiɗa falle biyu a ƙasa yadda za a buga su, muka auna abin da kowanne ya rufe, muka sami santimita 66. Tsawon 13.2 ya ci falle 20 a kowane jeri. Gangarar daga tozo zuwa baki mita 6 da ɗan abu ce, fallen kuma ƙafa shida, wato kusan mita 1.8, don haka jeri uku ba su kai ba, sai huɗu. Falle 20 sau 4 sau gefe 2 ya tashi 160, wato bandir 8, tunda bandir falle 20 ne.

Masu sayen fale-falen ƙarfe masu yayyafin tsakuwa, waɗanda ake yayi yanzu a sababbin unguwanni, su duba abin da falle yake rufewa bayan ɗori, wanda bai cika kai rabin murabba'in mita ba, su raba jimlar murabba'in mitar rufin da shi.

A kan kowane lissafi sai a ƙara kashi 10 cikin 100 saboda yanka da lalacewa. Idan rufin mai gangara huɗu ne, ko mai kwaruruka da yawa, a kai shi 15, domin kowace kusurwa tana fitar da guntayen da ba su da wani amfani. Abin kifawa a kan tozo, da ƙusa, da indararo, lissafinsu daban ne. Rufin da aka ɓoye a bayan bango, irin wanda ya yawaita a Katsina da Daura, ba shi da bakin da ya zarce, don haka daga cikin bango ake aunawa.

Mun samo cikon kwanon ƙanena washegari, amma kalarsa ba ta zo daidai da ta farko ba, kuma har yau duk wanda ya tsaya a bakin titi yana ganin inda aka haɗa.