Kaɗa Jita a Bayan Mawaƙa

Jitata ta farko mai aiki da lantarki tsohuwa ce, wani ɗan'uwanmu mai fatauci ta hanyar Jibiya ya kawo mini ita daga Maraɗi, wuyanta ya ɗan karkace, ɗaya daga cikin tsirkiyoyinta shida kuma ta tsinke. Burina a lokacin shi ne in zama kamar Bombino, shahararren makaɗin jita na Agadas, in tsaya gaban jama'a in saki yatsu har sai an yi shewa. Aikin sutudiyo ne ya sauke mini wannan girman kai.

Ranar da aka fara kirana ɗaukar waƙa, a wani ƙaramin ɗaki da ke wajen Ƙofar Ƙaura a Katsina wanda aka liƙe bangonsa da soso, ban bar gurbi ko ɗaya ba sai da na cusa masa kiɗa. Mai haɗa sautin, dattijo marar yawan magana, ya tsayar da na'ura, ya dube ni ya ce: "Ɗana, mai waƙar nan ne ya biya kuɗin ɗakin, ka bar masa wurin numfashi." Na ce: "To, Baba," amma raina a ɓace yake. Sau goma sha ɗaya muka maimaita, kuma abin da ya tsira daga duk bajintar da na shirya bai wuce ɗan taɓi huɗu a ƙarshen kowane baiti ba. Da na saurari waƙar washegari, sai na ji muryar mawaƙin ta fito sarai, jitar kuma tana biye da ita kamar 'yan amshi.

Sauran darussan na sana'a ne: sake saita tsirkiya kafin kowace ɗauka, musamman da hunturu lokacin da bushewar iska ke taɓa katakon, da kuma zuwa kan lokaci, domin mai piyanon Yamaha yana iya kwaikwayon sautin jita a farashi mai rahusa.

Abin da ya fi yi mini ciwo shi ne rashin suna, domin ana biyanka a ranar, shi ke nan. Na ɗan samu sauƙi da na san cewa Jimmy Page, shahararren makaɗin jita ɗan Ingila, ya yi shekaru yana irin wannan aiki a sutudiyoyin Landan kafin ya kafa ƙungiyar makaɗa ta Led Zeppelin a 1968, ko da yake ni ban kafa komai ba. Kwanan baya na ji kiɗana yana tashi daga wayar wani mai shayi a Ƙofar Soro. Na shanye shayina, na biya shi, ban ce masa komai ba.