Tarihin Rayuwata, Kashi Na 9: Zamana Da Injin Feshi

Assalamu alaikum jama'a, satin da ya wuce mun tsaya ne a inda na bar tura ruwa a kura na koma bin ogana mai fenti a Kaduna. To yau maganar injin feshi ce.

Lokacin duk aikinmu burushi ne da rola, sai oga ya samu kwangilar wani gidan sama a Unguwar Rimi, bango ne tekskot mai ƙuraje wanda rola ba ta shiga ramukansa sosai, shi ne ya je ya yo hayar inji da janareta. Ni dai murna nake, a zatona yau hutu ya zo. Ashe kafin a danna bindigar feshin nan sai mun wanke bango, mun kankare tsohon fentin da ya ɓare, mun cike tsaga da siminti, sannan mu bi tagogi da ƙofofi da tayil muna manna leda da jarida da salatif, wallahi wannan shirin ya fi feshin kansa cin lokaci nesa ba kusa ba.

Fentin ma sai an ɗan sirka shi da ruwa an tace da ƙyalle, don ɗan gudaji ɗaya ya isa ya toshe bakin bindiga. Oga ya ce ka riƙe ta kamar taku ɗaya daga bango, hannunka ya fara tafiya kafin ka danna, kowane layi ya hau rabin na baya, in ka tsaya wuri ɗaya fenti ya zubo kamar majina. Ni kuma ina binsa a baya da rola ina danna fentin cikin ramuka. Kuma ya hana kowa sa yatsa a bakin bindigar, ƙarfinta yana iya huda fata fenti ya shige nama.

Rigima ta taso ne a kan katanga, sabuwar filasta ce ko sati biyu ba ta yi ba, mai gida kuma bikin 'yarsa ya matso. Ya ce lallai a fesa. Oga ya ce ranka ya daɗe siminti sai ya samu kwana 28 ya bushe, in aka rufe shi da danshi zai fitar da farin gishiri fentin ya kumbura ya ɓare, kuma sunana ne zai ɓaci ba na mai bulo ba. Alhaji ya yi ta faɗa, oga ko gezau.

Ga hunturu ya shigo, da hantsi ya yi iska ta taso sai feshin ya bi ta ya sauka kan motocin maƙwabta, ƙura kuma ta manne a ɗanyen fenti, shi ya sa muke farawa daga an idar da sallar asuba mu kashe inji kafin ƙarfe 10.

Katangar dai haka aka yi biki da ita ba fenti, Alhaji kuma ya riƙe mana cikon kuɗi. Yadda muka kwashe da shi sai sati mai zuwa in Allah ya kai mu.