TARIHIN RAYUWATA, KASHI NA 9: Ƙara ta biyu a ƙirjina

Assalamu alaikum 'yan uwa, ku yi haƙuri da jinkirin wannan makon, kwana uku ba wuta a unguwarmu wayar ma sai da aka kai min ita wajen masu caji.

Wancan satin na tsaya ne a inda muka dawo Kano daga Indiya, ƙarshen Nuwamban 2019, sati uku bayan an canja min bawul ɗin zuciya aka sa na ƙarfe. To kafin in ci gaba bari in faɗi wani abu da ni kaina ban gane ba sai daga baya. Ni duk a zatona idan ance za a yi wa mutum aikin zuciya ta tsakanin haƙarƙari ake bi a ɗan leƙa a gyara a fito, ashe ba haka bane, ƙashin nan na tsakiyar ƙirji shi ake tsagawa gida biyu tun daga ƙasan maƙogwaro har bakin ciki, da wani ɗan zarto, a buɗe shi, in an gama a haɗe shi a ɗaure da wayar ƙarfe. Ranar da za a sallame mu likitan ya ɗaga hoton ƙirjina a jikin fitila na ƙirga wayoyin da idona, guda bakwai, a jere, kowacce an murɗe bakinta. Wallahi abin da ya faɗo min a rai gyartai, irin ɗinkin da yake yi wa ƙwaryar Innarmu in ta fashe.

Ta bakin tafinta ya jero min dokoki. Kar in ɗaga abin da ya wuce kilo 5. In zan tashi daga gado kar in dogara da hannu, in mirgina gefe tukuna. In tari ya zo ko atishawa in rungume filo a ƙirji. Kwanciya rigingine. Yace fata sati biyu ta haɗe amma ƙashi sai ya yi sati 6 zuwa 8 kafin ya kama, kafin ya yi ƙwari sosai kuwa wata uku. Sannan ya nuna ni da biro yace ke kuma kina da suga, masu suga ciwonsu baya son warkewa, ki kula. Na gyaɗa kai kamar gaske.

Gida kuwa ya cika da 'yan dubiya, daga safe har isha'i. Abin da yafi burge kowa ƙarar bawul ɗin, in ɗaki yayi shiru kana jinsa kas kas kas kamar agogon hannu, yarana har layi suke su sa kunne, ɗaya daga cikin goggonnina ma da taji sai ta ja da baya tana salati. Kowa ya kalli ɗinkin yaga ya bushe sumul sai yace kai masha Allah ai kin warke. Tun ina cewa da saura har na fara yarda da su. Kuma duk wanda ya zo da ledarsa, lemon kwalba, madara ta gwangwani, kunun gyaɗa an zuba masa suga kamar ba gobe, in kaƙi sha ace ka raina. Na'urar gwajin sugan tana cikin durowa, tsinkenta ya ƙare ban ce a sayo ba.

Sai hunturu ya sauko. Wanda ya san Kano a Disamba ya san me nake nufi, ƙura har cikin kwanon miya. Tari ya kama ni irin busasshen nan mai hana barci, kuma ba kullum filon yake kusa ba, wani lokacin ina banɗaki wani lokacin ina kan sallaya, sai dai in dafe da hannu.

Ranar da abin ya faru Laraba ce, sati biyar da aikin. Yarinyar da ke taya ni aiki ta sauke ruwan zafi na wanka a tsakar gida ta shiga ɗauko bokiti, ni kuma ina zaune a kujera 'yar tsugunno ina shan hantsi, kawai naga autana, lokacin shekararsa biyu, ya nufi tukunyar da gudunsa. Babu uwar da za ta tsaya tuna kilo 5 a wannan lokacin. Na zabura na sure shi sama da hannu biyu, yaro mai kilo goma sha wani abu, sai naji ƙwas! a tsakiyar ƙirjina. Ba zafi sosai fa, abin mamaki, kawai dai naji kamar wani abu ya goce. Na ajiye shi na koma na zauna ina haki.

Daga ranar ƙara ta zama biyu. Akwai kas kas ta bawul wadda na saba da ita, akwai kuma wata sabuwa da sai na juya a gado ko nayi tari ko na miƙa hannu zan ɗau hijabi, sai inji ɓangarorin biyu suna gogar juna, ƙurus, kamar an taka tsakuwa. In na ɗora tafin hannuna nayi tari ina jin gefe ɗaya ya taso ɗaya ya kwanta.

Ban faɗa wa kowa ba.

Nasan akwai masu cewa wauta ce, kuma wauta ce ɗin, amma ku tsaya kuji. Kafin a fita da ni maigidana filinsa ɗaya tak da ya mallaka ya sayar, ya haɗa da motar da yake neman abinci da ita, Yayana ya sayar da shanu biyu a ƙauye, sauran aka yi karo-karo a dangi, lokacin ma dala tana naira 360. Mun so Sudan da farko saboda asibitin Salam da ke Khartoum kyauta suke aikin zuciya, amma jiran layi jikina ba zai iya ba. Mutumin nan tunda muka dawo na ga ya fara barci, ya fara cin abinci yana dariya da yara. Da wane bakin zan ce masa Malam abin da ka sayar da filinka aka ɗinke na ɓalle shi? Sai nake ce wa raina ai ƙashi ne, in na kwanta shiru zai kama da kansa.

Bayan kamar kwana shida ƙasan ɗinkin ya yi ja ya kumbura, ya fara tsatsafar da wani ruwa kalar ruwan shayi. Ina sa auduga a cikin rigar mama in rufe. Da dare zazzaɓi, in ce maleriya ce. Na aiki yarinyar kemis ta faɗa musu wai ƙurji ne ya fashe, aka haɗo min Ampiclox da Flagyl, na dinga sha a ɓoye tare da wafarin ɗina na kullum, maganin tsinka jinin da aka ce zan sha har ƙarshen rayuwata saboda bawul ɗin ƙarfe. Hajiya surukata kuma da ta ga ina yawan dafe wajen sai ta kawo zuma da man kaɗanya tace in dinga shafawa tabon zai kwanta, ita da zuciya ɗaya, bata san akwai rami a ƙasa ba. Na shafa kuwa.

Yayata ce ta kama ni. Ta zo daga Wudil ta kwana biyu, da asuba ina goge baki da asuwaki taga jini na zuba daga dasashina ba ƙaƙƙautawa, ta tsaya tana kallona, sannan ta matso ta shinshina tace ke, warin me nake ji a jikinki tun jiya? Nace ba komai Yaya. Tace ɗaga rigar. Nace Yaya don Allah. Tace wallahi ko ki ɗaga ko in yaga ta. Da ta cire audugar mugunya ce ta biyo, wajen ya buɗe kamar faɗin ɗan yatsa, ta ce innalillahi ta zauna daɓas a ƙasa, sai kuma ta miƙe ta hau ni da faɗa tana kuka, wai so nake in bar mata marayu huɗu saboda kunyar fili.

Ko karyawa bamu yi ba muka tafi asibiti a adaidaita, duk ramin da ya faɗa sai naji ƙashin ya motsa, na ƙanƙame filo Yaya ta ƙanƙame ni. Ba zan faɗi sunan asibitin ba. Mun yi awa huɗu a benci kafin a samu wanda ya yarda ya taɓa ni, kowa ya ga takardun Indiya sai yace a jira babba.

Da babban ya zo bai yi dogon zance ba, ya sa safar hannu ya ɗora yatsu gefe da gefen ɗinkin yace Hajiya yi tari. Nayi. Ya ɗago ya kalli ƙaramin likitan da ke bayansa yace kai ma zo ka ji. Sannan yace tun yaushe? Nace sati biyu. Yace me kike sha? Yaya ta zazzage ledar a kan tebur. Da ya ga Flagyl sai da ya cire gilashinsa, yace wannan da wafarin basa haɗuwa sai da sanin likita, yana ƙara masa ƙarfi ne jini ya tsinke fiye da kima. Aka ɗebi jinina, gwajin INR, wato na auna yadda jini ya tsinke, da ake so ya tsaya tsakanin 2.5 da 3.5 ga mai irin bawul ɗina ya haura 7. Suga kuma ba a magana.

Sikanin ya nuna wayoyi uku na ƙasa sun yanka ƙashin sun fita, wato wayar bata tsinke ba, ƙashin ne ta ci kamar yadda zare ke yanka sabulu. Likitan yace ba lallai ɗaukar yaron kaɗai ba ne, tarin ya daɗe yana sassauta su, suga ya hana ƙashin kamawa, ɗaukar yaro ta ƙarasa. Abin da yafi damunsa ba ma ƙashin bane, mugunyar ce, don a bayan ƙashin nan zuciya take kwance, in ƙwayar cuta ta gangara can ta samu bawul ɗin ƙarfe ta maƙale to magana ta canja. Yace za a dakatar da wafarin a saukar da INR ɗin, in ya sauka a koma allurar heparin wadda ita ma maganin tsinka jini ce, a fara min maganin kashe ƙwayoyin cuta ta jijiya na wajen sati shida, ana cikin yin maganin a koma tiyata a buɗe a kankare duk naman da ya mutu. Kuma ba za a rufe a ranar ba. Za a bar ƙirjin a buɗe a cusa wani soso a liƙe da leda a jona da inji mai zuƙe ruwa, duk bayan kwana biyu ko uku a canja, sai wajen yayi tsabta a sake ɗaure ƙashin, in ƙashin bai isa ba a jawo naman ƙirji a rufe da shi.

Ni dai daga "a buɗe" ban ƙara fahimtar komai ba, Yaya ce ta maimaita min daga baya.

Maigidana ya iso bayan la'asar daga kasuwa, har da ƙurar hanya a girarsa. Ina kwance an sa min ƙarin ruwa na juya fuska bango don bana son mu haɗa ido. Ya ja kujera ya zauna ya daɗe bai ce komai ba, ɗakin shiru sai kas kas ɗin bawul. Can yace Maman yara, sati biyu muna kwana ɗaki ɗaya? Ban amsa ba. Yace me na yi miki da kika kasa faɗa min? Nace Malam filinka. Sai ya yi wata 'yar dariya wadda ba ta daɗi ba, ya share fuska da hularsa.

Sista ta shigo da takardar sa hannu da wata doguwar takardar kuɗi, tace injin zuƙe ruwan ba na asibiti bane haya ake ɗaukowa, kuma ana so a nemo mutum huɗu masu bada jini kafin jibi. Ya karɓa ya karanta ta kuɗin har ƙasa, ya ninke ta huɗu ya sa a aljihun gaba, ya sa hannu a ɗayar, sannan ya tambaye ta ina ne ɗakin ɗibar jinin, a fara da shi.

Sati mai zuwa in Allah ya kai mu zan baku labarin kwana goma sha tara da nayi da inji a ƙirji, da matar gadon kusa da ni.